Mai Sa Manhaja a Na'urar Gem, Ya Iya Cire Ta?

Da wuya na'urar gem ta iso Dantchiao, ko Magarya, ko Dungas, tana sabuwa dal a kwalinta. Yawancinsu gwanjo ne. Sun ƙetaro teku sun sauka a Ikko ko Kwatano, sun bi hannun 'yan kasuwa har Kano, daga nan suka shigo ta iyaka tare da wayoyi da rediyo da fitilun sola, yadda kaya suka saba shigowa kudancin jihar Damagaram, inda naira da sefa ke kwana a aljihu ɗaya. PlayStation 2, wadda har gobe ita ke riƙe da ƙananan gidajen gem na karkara, ta fito a Japan ranar 4 ga Maris 2000, kamfanin Sony ya daina ƙera ta a farkon 2013 bayan ya sayar da fiye da miliyan 155. Ke nan autar cikinsu ma ta haura shekara goma. Ba garanti a kanta, ba shagon Sony da za a kai ta a Damagaram ko Maraɗi, kuma sau da yawa kafin ta zo hannun mai ita na yanzu wani ya riga ya buɗe ta ya sa mata abin da ya ga dama. Saboda haka muhawarar a buɗe na'ura ko kada a buɗe, a wurinmu, an gama ta tun a kasuwa. Abin da ya rage shi ne yadda ake yin aikin, kuma ra'ayina a kansa ɗaya ne: duk abin da za a sa wa na'ura, a zaɓi wanda ake iya cirewa ta koma yadda take, kuma mai gyaran da bai san hanyar cirewa ba bai cancanci a miƙa masa ita ba.

Kowace na'urar gem ƙaramar kwamfuta ce da kamfani ya kulle. Ba ta karɓar wata manhaja sai wadda ke ɗauke da hatimin kamfanin, domin ribarsa a sayar da wasannin take. Manhajar haɗin gida ita ce wadda mutane masu sha'awa suka rubuta da kansu ba tare da wannan hatimi ba, kuma yawancinta kyauta ake raba ta. Akwai mai kunna bidiyo da waƙa, akwai mai sarrafa fayil, akwai mai kwafe ajiyar wasa daga memori zuwa filas don kada ta ɓace. Kamfanin Sony kansa ya taɓa buɗe wannan ƙofa: ya sayar da Net Yaroze ga masu koyon haɗa wasa a zamanin PlayStation ta farko, ya fitar da kayan sa Linux a PlayStation 2 a 2002, ya kuma bar PlayStation 3 ta farko tana karɓar wani tsarin aiki daban, har rundunar sojan saman Amurka ta haɗa guda 1,760 ta mai da su babbar kwamfutar bincike a 2010. A ƙasarmu dalilin ya fi wannan sauƙi. Abin da ke fara mutuwa a PlayStation 2 shi ne idon da ke karanta faifai, ƙurar hunturu da zafin bazara kuwa ba sa raga masa. In idon ya mutu, na'urar ta zama kwali, sai dai in an sa mata Open PS2 Loader, manhajar haɗin gida da ke karanta wasa daga filas ko hadis. Da ita na'urorin da aka yar a Turai suke ci gaba da aiki a rumfunan zana, suna ciyar da mai su.

Ba mu kaɗai ke wannan rayuwa ba. A Brazil, wani mai gidan gem ne ya fara gyara wasan ƙwallon Winning Eleven yana sa masa sababbin 'yan wasa da ƙungiyoyin ƙasarsa, abin da ya zama Bomba Patch, wanda ake ta sabuntawa shekara da shekaru bayan Konami, kamfanin da ya yi ainihin wasan, ya bar PlayStation 2 a kan PES 2014. Duk yaron da ya ga ɗan wasan bana a cikin na'urar da ta girme shi, aikin irin waɗannan mutane yake kallo.

Hanyoyin buɗe na'ura ba zurfinsu ɗaya ba, kuma nan ne duk maganar take. Tsohuwar hanya ita ce a kwance na'urar a liƙa mata ƙaramin cif da dalma, irin su Matrix Infinity da jabunsa da ake kira Modbo, wayoyi siraran gaske wajen ashirin a kan allon cikinta. In hannun mai gyara ya goce, allon ya tafi. In ma ya yi daidai, cif ɗin ya zama ɓangaren jikinta, cire shi kuma wani sabon haɗari ne. Ɗaya hanyar ita ce Free McBoot, wadda ba ta taɓa cikin na'urar sam. Injiniyoyin Sony sun tsara PlayStation 2 ta riƙa leƙa katin memori duk sanda aka kunna ta, ko akwai sabuntawa daga kamfani. Masu haɗin gida suka gano yadda za su ajiye tasu manhajar a daidai wurin da take leƙawa. Ka zura katin, na'ura ta tashi da sabon jerin zaɓi. Ka zare shi, ta tashi yadda ta fito daga masana'anta, ba ko alama. Bambancin cif da kati shi ne bambancin tsagar fuska da lalle. In abu ya ɓaci, katin mega 8 ne ya ɓaci, ba na'urar da aka tara kuɗinta wata da watanni ba. Iyakar wannan hanya ita ce siraran na'urori na ƙarshe, jerin SCPH-90000 da aka ƙera daga rabin ƙarshe na 2008, waɗanda Sony ya toshe wa wannan kafa. Su ma an samo musu wasu hanyoyin da ba su bukatar dalma, kamar OpenTuna, da FreeDVDBoot da aka fitar a 2020. Shi ya sa aikin farko, kafin a taɓa komai, shi ne a juya na'urar a karanta lambar da ke jikin takardar bayanta. Mai gyaran da ya ɗauki ƙarfen dalma bai duba wannan lamba ba ya riga ya nuna maka matsayinsa.

PlayStation 3 ita ce mai haɗarin gaske, kuma ita ce burin kowane mai gidan gem da ya ɗan tara jari. Tun bayan da ƙungiyar fail0verflow ta bayyana kuskuren lissafin da Sony ya tafka wajen hatiminsa, a wani taro a birnin Berlin cikin Disamba 2010, wani mai suna George Hotz kuma ya wallafa mabuɗin a Janairu 2011, ana iya maye gurbin tsarin aikin na'urar gaba ɗaya da wanda aka gyara. Wannan yana nufin a yi rubutu a cikin ƙaramin ma'ajin da ke manne a allonta, inda umarnin tashinta yake. In wuta ta ɗauke a tsakiyar rubutun, na'urar ba ta ƙara sanin yadda ake tashi. Fitila ta kama, allo ya zauna baƙi. Wanda ya rubuta bayanin aikin a Jamus ko Kanada yakan ambaci ɗaukewar wuta a layi guda ya wuce, don a wurinsa abu ne na shekara-shekara. A Nijar kusan mutum ɗaya cikin biyar ke da kuran, a karkara kuwa abin bai kai haka ba ko kusa. Yankin Damagaram da Maraɗi ya daɗe yana shan wutarsa daga layin da ya taso daga Katsina, kuma kowa ya tuna yadda aka kasance lokacin da Najeriya ta yanke wutar a Agusta 2023 bayan juyin mulkin 26 ga Yuli, ba ta maido ba sai a Maris 2024. Mai gidan gem a Dantchiao da janareta yake aiki ko da batirin sola, janareta kuwa yana iya tari ya mutu ba sallama. Don haka irin wannan rubutu ba a yin sa sai a kan batiri cikakke da inbata mai lafiya, an kashe duk wani abin da ke jan wuta, an kuma hana kowa gittawa ta kan waya. Kafin rubutun ma, sai an kwafe abin da ke cikin ma'ajin an adana a wuri biyu. Wannan kwafi na wannan na'ura ne ita kaɗai, na wata ba ya yi mata, kuma shi ne kawai abin da gwani zai iya farfaɗo da ita da shi in ta mutu. Haƙƙin mai na'ura ne ya karɓi nasa kwafin a filas ɗinsa, ba a bar shi a kwamfutar mai gyara da za a iya gogewa gobe ba.

A nan ma lambar baya ce ke yanke hukunci. Manyan na'urori na farko da yawancin sirara na farko suna karɓar cikakken tsarin da aka gyara. Jerin CECH-3000 da mafi sirantar nan ta ƙarshe, mai murfin da ake turawa gefe, ba sa karɓa, wanda ya tilasta musu kuwa ya kashe su. Nasu shi ne PS3HEN, wanda ake tayarwa duk sanda aka kunna na'ura, ya kuma gushe in an kashe ta. Masu gidan gem sukan raina shi don wannan ɗan aikin na kullum. Ni a ganina wannan raunin nasa shi ne alherinsa a wurin da wuta ba ta da tabbas, domin abin da bai shiga can ciki ba, ba ya kashe na'ura in ya faɗi. Sai kuma batun ƙarfin wuta, wanda ba ruwansa da manhaja amma ya fi ta kashe na'urori: babbar PlayStation 2 ta Japan an yi ta don bolt 100, ta Amurka don 120, tamu kuwa 220 ce.

Daga ina fayilolin suke fitowa? A garuruwanmu ba kowa ke da datar sauke manyan abubuwa ba, sai a je wurin masu turi, waɗanda ke zuba fina-finai da waƙoƙi a memori, ko a karɓa daga aboki, shi ma daga wani ya karɓa. Fim in ya samu naƙasa a hanya sai dai ya riƙa tsayawa. Fayil ɗin tsarin aiki in ya samu naƙasa, ko filas ɗin jabu ne mai ƙaryar girmansa, na'ura ce za ta biya. Akwai kuma mugunta da gangan. A Oktoba 2005 kamfanin Symantec ya ba da sanarwar wata manhaja da ake yaɗawa da sunan tana buɗe PSP, ƙaramar na'urar gem ta hannu ta Sony, alhali goge fayilolin tashinta take yi, na'urar ta mutu murus. Marubutan manhajar haɗin gida na gaskiya sukan wallafa wata doguwar lamba tare da fayil ɗinsu, wadda ake gwadawa a kwamfuta a ga ko abin da ke hannu shi ne ainihin abin da suka fitar. Minti ɗaya aikin yake ci. Mai gyaran da ya san wannan ya bambanta da wanda ya kalli bidiyo guda ya buɗe shago.

Cirewa ita ce rabin aikin da ba a koyarwa, kuma a nan ake yawan ɓarna. Mutum yakan so ya cire don zai sayar, ko don na'ura ta fara rikici, ko don yana son ya sa wata sabuwa. A katin PlayStation 2, kuskuren da aka saba shi ne a shiga jerin ajiya a riƙa goge duk abin da ba a gane ba. Free McBoot yana da nasa zaɓin cirewa a cikin manhajar da ta sa shi, kuma in an yi masa irin sawar nan ta kati ɗaya ya yi aiki a na'urori iri-iri, fayilolinsa a sarƙe suke da juna, goge su da hannu yana hargitsa katin har ajiyar wasannin ta tafi. Kwafe fayilolin zuwa wani kati ma ba ya aiki, don an ɗaure su da lambar katin farko. A PlayStation 3, hanyar komawa ita ce a sa ainihin tsarin Sony daga filas, kuma a nan akwai ramin da ya fi shafar mu fiye da kowa. Tsarin Sony yana binciken sassan na'ura yayin shigarsa. In allon da ke tafiyar da mai karanta faifai ya mutu ko an cire shi, ko na haɗin fad marar waya ya lalace, shigarwar tana tsayawa ta sake farawa, ta tsaya ta sake farawa, na'urar ta maƙale a nan. Yawancin na'urorin gidajen gem ba a sa musu faifai ba tun shekaru, mai su bai ma san ko wancan ɓangaren yana da rai ba. Wato na'urar da ke aiki lafiya da gyararren tsari tana iya mutuwa a hanyar maido ta asali. Sai a gwada faifai tukuna. In ba ta ko jan shi, a bar ta yadda take, a faɗa wa mai saye gaskiya. Hadis ɗinta kuma a ɗaure yake da ita, in aka kai shi wata na'urar sai ta nemi goge shi kaf, don haka ajiyar wasa a filas ake kwashe ta kafin a fara.

PlayStation 4 tata matsalar ta juya. Buɗinta, ko na tsari mai lamba 9.00 da aka fitar a Disamba 2021 ko na 11.00 da ya biyo baya a 2024, gushewa yake in an kashe ta. Abin da ba ya komawa baya shi ne sabuntawar kamfani. Yaro ɗaya ya haɗa ta da intanet ɗin wayarsa ya danna amincewa, tsarin ya hau sama, ƙofar ta rufe, wasannin da ke ciki duk suka kulle. Wanda kuma ya shiga dandalin kamfani da buɗaɗɗiyar na'ura yana iya jawo a haramta mata shiga har abada, yadda Microsoft ya yi wa dubban ɗaruruwan Xbox 360 a Nuwamba 2009. Haramcin a jikin na'urar yake, yana bin ta hannun duk wanda ya saya.

Mai karatu na iya cewa duk wannan ado ne ake yi wa sata, tunda kowa ya san abin da ke cikin filas ɗin gidan gem ba sayen sa aka yi ba. Maganarsa tana da ƙarfi, kuma ba daidai ba ne a kauce mata. Kwafe wasan da wasu suka yi shekaru suna haɗawa a sayar ba da izininsu ba cin haƙƙi ne. Majalisar fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi, a zamanta na Kuwait a 1988, ta tabbatar cewa haƙƙin mawallafi da na mai ƙirƙira dukiya ce da shari'a ke karewa. Nijar tana cikin yarjejeniyar Bangui ta 1977 kan mallakar fasaha, dokar haƙƙin mallaka da Najeriya ta sa wa hannu a Maris 2023 kuma ta hana karya makullin da aka sa don kare irin waɗannan ayyuka. A Amurka an ɗaure Gary Bowser wata 40 a 2022 saboda sayar da kayan buɗe Nintendo Switch, aka kuma ɗora masa biyan dala miliyan 14 da rabi. Mu da muka ga yadda kwafe ya durƙusar da kasuwar faifan finafinan Hausa ba mu da bakin cewa abin ba ya cutar da kowa. Amma buɗe na'urar da mutum ya saya da kuɗinsa abu ne daban da sayar da aikin wani, ƙasashe ma ba su haɗu a kan hukuncinsa ba: kotun Ingila ta haramta cif a 2004, babbar kotun Ostareliya ta yanke wa mai sayar da shi gaskiya a kan Sony a 2005. Kamfanin ma ba kullum yake da gaskiya ba. A Afrilu 2010 ya aiko da sabuntawar da ta ƙwace damar sa Linux daga na'urorin PlayStation 3 da mutane suka riga suka biya, ƙarar da aka kai shi ta ƙare da ya amince ya biya dala miliyan 3.75. Wanda ya sa manhajar da ke ƙara gudun fanka don kada PlayStation 3 ɗinsa ta ƙone a watan Afrilu, lokacin da zafi ke haura digiri 40 a Damagaram, bai ɗauki komai na kowa ba. Alhakin abin da aka zuba a filas yana wuyan wanda ya zuba, kuma wannan ba hujja ba ce ta barin matashin da ya sa jarinsa a na'ura cikin duhu har ta mutu a hannunsa.

Ƙorafin masu gidan gem kansu daban ne, kuma na fi jin nauyinsa. Suna cewa kati ana sace shi, yara na zare shi, cif kuwa an sa an huta. Gaskiya ne kati ƙarami ne, hannuwa kuma suna da yawa a rumfar gem ranar kasuwa. Sai dai kati na biyu da aka shirya aka ajiye a gida ya rufe wannan ƙofa, kuma na'ura mai kati tana iya haifar da wani katin da kanta ba tare da an je ko'ina ba. Cif in ya lalace sai an ɗauki na'ura an hau mota zuwa Damagaram ko an ƙetara Kano, a biya kuɗin mota, a rasa cinikin kwanaki, ga shi iyakar ma ba kullum take buɗe ba. An rufe ta daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, an sake rufewa a 2023. Abin lura dai shi ne ingancin katin. Manyan katunan jabu masu rubutun mega 64 ko 128 sun yi suna wajen zubar da abin da aka ajiye musu, tsohon katin Sony na mega 8 ya fi su riƙon amana nesa ba kusa ba.

Wasu masu gyara sun fi son cif da gyaran can ciki saboda wani dalili da ba sa faɗa: yana sa mai na'ura ya riƙa dawowa wurinsu. Ba na ganin laifin mutum ya ci abinci da iliminsa, kuma akwai gwanaye na gaske a wannan sana'a, masu farfaɗo da allon da kowa ya yanke wa ƙauna. Amma amanar da ke tsakanin mai gyara da mai kaya ta haɗa da ya faɗa masa abin da ya sa, da lambar tsarin da ya bar ta a kai, ya ba shi kwafin ma'ajinta, ya nuna masa abin da ba a dannawa. Waɗannan bayanai ba su wuce a rubuta su a guntun takarda a manna a ƙarƙashin na'urar ba, domin za ta sake canza hannu, watakila a kasuwar Dole ta Damagaram, watakila a Maigatari ranar Alhamis, kuma mai saye na gaba da wannan takarda zai san ko zai iya sabunta ta, ko maido ta asali, ko kuwa ya bar ta yadda ya same ta.